Nomau Ɗan Garuwa da Rigar Malam Hambali

An yi wani mutum, wani bawan Allah, a wani gari can da daɗewa, tun ana ciniki da sule da sisi. Sunansa Nomau, sana'arsa ga-ruwa. Ku matso, ku saurara, masu aurarwa da masu cin abinci a bikin mutane, yau da ku nake. Mutumin nan ba shi da komai sai garwa biyu da sanda da kafaɗa. Garwa ɗayar ma yoyo take, ya liƙe ta da ƙaro har ya gaji, duk inda ya bi sai ka ga ɗigon ruwa a bayansa. Amma fara'a! Ko da tsakar rana ka tare shi, haƙoransa a waje suke.

A unguwarsu akwai wani dattijo, Malam Hambali, mai tufkar igiya, talaka mai mutunci. Allah ya kawo auren 'yarsa Tabawa, aka sa rana, aka ce dangin ango za su iso daga ƙauyensu bayan Azahar. Tun saura mako biyu Malam Hambali ya yi ciniki da kowa. Jibo mahauci zai kawo rago ya gyara, Barmo zai kawo itace a jakinsa, Inna Yalwa za ta yi tuƙin tuwo, Nomau kuma zai cika randunan gida duka. Aka yi na'am, aka ce Allah ya sa albarka, dattijo ya karkaɗe aljihunsa ya biya kowa.

To, garin nan yana da wata muguwar al'ada. Sai ranar biki, baƙi suna hanya, sannan masu aiki su naɗe hannu su ce sai an ƙara. Sun san uban amarya ba shi da bakin ƙi. Har suna suka sa wa abin, wai kuɗin ɗora tukunya. Kada ku sunkuyar mini da kai kamar ba ku taɓa ji ba, har yau ana yi, suna kawai aka sake.

Ranar biki da sassafe Nomau ya je rijiyar unguwa, ya tarar da mutane sun kewaye ta. Akuya ce ta faɗa ta mutu, ruwa ya ɓaci, sai an yashe. Ɗaya rijiyar kuwa tana can bayan ganuwa, tafiyar ta ninka huɗu. Ya yi salati, ya gyara sanda a kafaɗa, ya kama hanya.

Da ya dawo da zuwan farko, sai ga mutum uku a gindin durumin ƙofar gidan Malam Hambali. Rago a ɗaure, itace a kan jaki, Inna Yalwa ta ɗora muciya a cinya. Jibo ya ɗaga masa hannu.

"Nomau, sauke ka huta. Mun gaya wa Malam sai ya ƙara wa kowa sule. Kai kuwa ka fi mu hujja, gari duka ya san rijiya ta ɓaci. Idan ka ajiye garwa, wa zai yi tuwo ba ruwa? Ko sule uku ka ce sai ya biya. Ka sayi sabuwar garwa, ka rabu da wannan mai fitsarin."

Ba zan ɓoye muku ba, jama'a, Nomau mutum ne. Ya dubi garwarsa tana ɗiga, zuciya ta ce masa ai gaskiya Jibo ya faɗa. Sai ya ɗaga ido ya hangi cikin zaure. Ga Malam Hambali a zaune yana ninke babbar rigarsa, guda ɗaya tal da yake da ita, wadda ya ajiye don ɗaurin auren nan. Ya aika a kira dillaliya ta zo ta ɗauka. Zai karɓi surukai da 'yar shara duk ƙaiƙayin rama, don dai baƙi su ci tuwo. Tausayi ya kama Nomau har idonsa ya kawo ruwa.

Ya ce, "Jibo, da muka yi ciniki, randuna na ce zan cika. Ban ce daga wace rijiya ba. Kuma akuyar nan ba ta Malam Hambali ba ce."

Ya shige zaure. Dattijo ya dube shi da jajayen idanu ya ce, "Nomau, kai nawa ne naka?"

"Nawa ka riga ka biya, Malam. A ba ni hanya in juye."

Ku saurara fa. Ya tafi ya dawo, ya tafi ya dawo, ya tafi ya dawo. Duk wucewa sai ya ce musu, "Sannunku da hutawa!" Kuma ba gatse yake ba, da zuciya ɗaya yake gaisuwa, abin da ya fi ƙona musu rai ke nan. Hantsi ya ɗaga, rana ta buɗe, inuwar durumi ta janye. Unguwa kuwa ba ruwa, kowane gida yana tattalin ɗan guntun da ya kwana. Masu zaman jiran ƙari fa maƙogwaro ya bushe. Ruwa yana wucewa ta gabansu yana ƙyalli, suna binsa da ido kamar kaji.

Inna Yalwa ce ta fara karaya. Ta ce, "Nomau, ɗan nan, ɗan tsiyaya mini in jiƙa maƙoshi."

Ya tsaya cak. Ya ce, "Inna, da nawa ne da kin sha har ki yi alwala. Amma tun daga bakin rijiya ruwan nan na Malam Hambali ne, ya biya. Bari in tambayo."

Kai mai dariya can baya, kana ganin wauta ce ko? Mutumin nan tsoron Allah ne ya hana shi kyauta da moɗa ɗaya ta ruwan wani. Ya leƙa zaure ya ce, "Malam, mutanen ƙofar gida suna jin ƙishirwa. In ba su?"

Muryar dattijo ta fito har gindin durumi, kowa ya ji. "Haba Nomau, wannan har sai ka tambaya? A ƙofata suke, baƙina ne. Ba su su sha. Ga furar nan da aka dama mini, haɗa musu da ita, tun safe suke zaune ba su karya ba."

Allahu Akbar! Nomau ya fito da ƙwaryar fura ya miƙa wa Inna Yalwa. Ta karɓa, ta kai baki. Sai hawaye. Ta ce, "Ni Yalwa, ni na yi tuwon sunan yarinyar nan, yau ni ce zan sa a tuɓe wa ubanta riga? Tir da ni!" Ta ɗaure zane tamau, ta ɗauki muciya, ta faɗa gida tana kiran mata su hura wuta. Barmo ko fura bai jira ba, ya sauke itace, ya ɗaura wa jakinsa tuluna ya ce, "Nomau, wuce mu je, kafaɗarka ta huta."

Saura Jibo, yana ta sosa ƙeya. Ya ce, "Ni fa ba ƙarya na yi ba. Ragon nan ya fi yadda muka yi tsammani tsada, na yi ciko daga aljihuna."

Nomau ya ce, "To ai maganarka tana da kai. Yanka ka ba mata nama tukuna, sannan ka shiga zaure ka faɗa masa, wuƙa tana cikin kube."

Haka aka yi. Da nama ya shiga tukunya, Jibo ya shiga ya durƙusa ya faɗi gaskiyarsa. Malam Hambali ya ce, "Ayya, da ka gaya mini tun shekaranjiya ai da ba mu kai ga haka ba. Riƙe fata da kai da ƙafafu, kuma igiyar ɗaure dabbobinka ta bana tana wuyana. Ta yi?" Jibo ya ce ta yi har ta yi yawa. Suka yi musabaha suna dariya.

Kafin Azahar randuna sun cika fal, ƙamshin miya ya kai bakin kasuwa. Can bayan Azahar dillaliya ta iso tana haki tana tambayar ina rigar da za a sayar. Sai ta ga riga a jikin mai ita, ya sha rawani, yana tarbar surukai. Aka ce ta zauna ta ci tuwo, ta ci malmala biyu ta ƙulle ɗaya. Aka ɗaura aure, mata suka rangaɗa guɗa, dangin ango suka ci har suna sassauta tazuge.

Rigima ɗaya ce ta rage, ita ma ta ban dariya. Washegari Malam Hambali ya tare Nomau da sule ɗaya daga gudummawar da ya samu. Wannan ya ce karɓi, wancan ya ce ciniki ya riga ya faɗa. Karɓi, ba zan karɓa ba, har mutane suka taru suna kallon mai saye yana neman ƙari, mai sayarwa yana neman ragi. Da ƙyar aka sasanta su a kan sabuwar igiyar guga. Bayan mako guda Jibo da Barmo da Inna Yalwa suka yi karo-karo suka kawo masa garwa sabuwa fil. Wannan kam ya karɓa hannu biyu, don da daɗin rai aka ba shi. Ya yi ta juya ta yana dariya kamar an ba shi doki.

To jama'a, ga abin da nake so ku tafi da shi gida. Dukiyar mutum ba ta halatta gare ka sai da daɗin ransa. Abin da ka karɓa don ka ga kunya ta shaƙe shi, baƙi suna ƙofa, sunansa ƙwace, ko da ya miƙo maka yana murmushi. Kai tela, kai mai rumfa da kujeru, ke mai girki, ke mai ƙunshi, idan kaya sun yi tsada ku faɗa da wuri, ko ku cika alkawari sannan ku yi magana, ba ranar da amarya take zaune tana jira ba. Kai kuma mai biki, idan ka ga wahalar mutum ta ƙaru, kada ka jira sai ya roƙa, kuma ko an ɓata maka rai kada ka hana ruwa. Akwai bukukuwa a unguwar nan kafin azumi, na sani, kun sani. Kowa ya tambayi kansa, a dalilinsa uban amarya zai sa rigarsa ne ko zai ninke ta. Allah ya sa mu cika ciniki, ya sa albarka a abin da muke ci.