Shaidar Wan Miji a Kan Gonar Mairo

Akwai wata baiwar Allah mai suna Mairo a wani ƙauye kusa da Daudawa. 'Yan bindiga suka kashe mijinta Audi a gona, ta kwashi 'ya'yanta mata biyu ta gudu Ƙanƙara.

Bayan damina biyu ta dawo, ta tarar maƙwabcinsu Alhaji Gide ya shuka masara a gonar marigayi. Wai Audi ya sayar masa kafin ya rasu. Gonar nan kuwa ita kaɗai marayun suka gada.

Mairo ta kai ƙara. Alhaji Gide ya zo da shaidu biyu. Su wa za ta gani? Ɗanlahadi, wan mijinta, da babban ɗansa! Tun da aka kawo ta gidan ba ta taɓa haɗa ido da Ɗanlahadi ba, balle ta musa masa. Ta san sarai Alhaji Gide ya yanka musu gefen fadamar gonar suna noma, amma kunya ta ɗaure mata baki. Alƙali bai tambaye ta ko tana da suka a kan shaidun ba, ya karɓi shaidar, ya ba Alhaji gona.

Ita kaɗai ta tako gida. Ko mai ce mata sannu babu. Wallahi abin da ciwo.

Wata ma'aikaciyar kotu, Hamida, ta faɗa mata akwai kotun gaba. Mairo ta ɗaukaka ƙara. Wata bakwai tana zarya, ta zauna a ƙarshen benci, kowa da ɗan rakiyarsa ban da ita.

Ranar zama, babban alƙali ya karanta takardun shari'ar farko tsaf, ya ɗago.

"Baiwar Allah, ban ga inda aka ba ki damar sukar shaidun nan ba. Kina da abin cewa?"

Ɗanlahadi na zaune a gefe. Mairo ta sunkuyar da kai har alƙali ya sake tambaya. Sai ta tuna 'ya'yanta da ta bari da kokon safe kawai.

"Allah gafarta Malam," ta ce, "Yaya da ɗansa su ke noma fadamar. In gonar ta dawo, tasu ta fita."

Alƙali ya juya ga Ɗanlahadi. "Haka ne?"

 Ɗanlahadi ya ce, "Aro ne aka ba mu."

"Aro ko kyauta, mai ci a cikin abu ba ya shaida a kansa," in ji alƙali. Ya soke shaidar da hukuncin, ya ce a sake shari'a. Da aka sake, Alhaji Gide bai samu wani shaida ba. Mairo ta rantse, aka mayar wa marayu gonarsu.

Kada ku ɗauka an yi guɗa. Dangin miji sun daina gaishe ta, wai ta kunyata babba. Ruwan farko na sauka ta ɗauki sungumin Audi, 'ya'yanta na biye da ita suna zuba iri. Su uku kacal a gonar, amma tasu ce.

Darasi: Kunya ado ce, amma kada ta rufe maka baki a kan haƙƙin maraya. Hukuncin kotun farko kuma ba shi ne ƙarshe ba. Ku tura wa 'yan uwa, wata Mairon na can ta yi shiru.