Wa Zai Gaji Dagin Baba Nomau?

Ku gyara zama. Wanda ya san zai yanke hukunci tun labari bai kai rabi ba, gara ya tashi yanzu ya ba wani tabarma, don masu irin wannan gaggawar ne suka kusa binne mutum da ransa a garin da zan ba ku labarinsa.

Garin ana ce masa Tudun Korau, kuma tudu ne na gaske, ƙasa mai taurin kai wadda ruwa ke ɓuya a ƙarƙashinta kamar ɓarawon akuya. A can akwai wani tsoho mai haƙar rijiya, Baba Nomau. Shi ba ya neman ruwa yadda sauran mahaƙa ke yi, a tona nan a dace, a tona can a sha rana a banza. Dagi gare shi na baƙin ƙarfe, wanda ya gada daga maigidansa. Sai ya kafa shi a ƙasa, ya kara kunne a jikinsa, ya daka wa kowa tsawa a yi shiru. Can sai ka ji ya ce, "Akwai ruwa, amma da gishiri-gishiri. Mu matsa gaba." Rijiyoyinsa kuwa, in ka leƙa ka yi sallama da hantsi, sai ka je gona ka dawo kafin amsar ta hauro.

Hannunsa ke nan. Bakinsa kuma barkono ne tsantsa. Ba a taɓa jin ya ce wa mutum sannu da aiki ba. An ce ko ruwan da ya samo, in ya ɓulɓulo, sai ya harare shi ya ce, "Sai yanzu?"

Yana da yaran aiki uku, kuma kada kalmar yara ta ruɗe ku, magidanta ne masu gemu: Jatau, Cindo da Arzika. Dukkansu sun iya haƙa, amma babu wanda ya iya jin ruwa, domin sirrin dagin kunne ɗaya ake raɗa wa, in aka faɗa wa biyu ya mutu. Kowa a garin ya san wata rana ɗaya daga cikin ukun nan zai gaje shi. Baba Nomau dai bai nuna alamar yana da niyyar tsufa ba.

Wata shekara da rani tsohuwar rijiyar bakin kasuwa, wadda duk gari ya dogara da ita, ta fara ba da laka. Aka ce a yashe ta. Baba Nomau ya ce babu sakaran da zai bari ya taɓa masa ita, ya ɗaura igiya a ƙugu, ya ɗauki dagi, ya sauka da kansa. Rana ba ta kai tsaka ba sai aka ji rugum! Bangon rijiyar ya zabtare daga gefe guda, gungumen da ke bakinta ya karye ya bi baya, ƙura ta turnuƙe.

To ga inda raina ke ɓaci duk lokacin da na zo nan. A garin akwai al'ada: in rijiya ta haɗiye mutum, sai a kira sunansa, in bai amsa ba a cike ta da ƙasa, a yi masa addu'a a wurin, ta zama kabarinsa. Ranar kuwa suna ake yi a gidan mai unguwa, an yanka rago, an kwashe tuwo. Mai unguwa ya zo da maiƙo a hannu, ya tsaya daga nesa, ya ce, "Nomau?" da irin muryar da mutum ke kiran wanda ba ya so ya amsa. Ya juyo ya ce, "Allah ya jiƙansa. A kawo kwanduna." Mutumin da ya shayar da su, ya shayar da iyayensu, ya shayar da ragon da suke ci! Ko tuwo ba su yarda ya huce saboda shi ba.

Arzika ne ya hana. Ya faɗi rub da ciki a bakin ramin, ya baje hannuwa, ya kurma ihun da ya sa kajin unguwar suka daina ƙwai har damina. Ya ce duk mai son zuba ƙasa ya fara zubawa a bayansa. Aka ja ƙafarsa, ya riƙe saiwar bishiya. Aka ce ya haukace, ya ce ya ji. Ya manna kunne a ƙasa yana kuka yana roƙon a yi shiru, har mutane suka gaji suka yi. Sai ga shi, can ƙasa-ƙasa: ƙwas, ƙwas, ƙwas. Tsohon ne ke buga dagi a jikin dutse. Ba don Arzika ba, da tuni an shafa fatiha an koma kan tuwo. Amma da aka ce to ya sauka, sai ya leƙa ramin, tsoro ya mayar da shi baya.

Jatau ne ya sauka. Ya tuɓe riga, ya ɗaura igiya, ya shiga ramin da har lokacin yake zubar da ƙasa. A ciki babu iska sai wari, babu wurin juya fartanya, don haka da yatsu ya yi ta tono har faratansa suka fita. Ƙasa ta sake zubowa ta rufe shi zuwa ƙirji, ya tone kansa, ya ci gaba. Ya samu tsohon a takure ƙarƙashin karyayyen gungume, ya zaro shi, ya ɗaura masa igiyarsa, shi kuma ya zauna a ƙasan yana jira. Ba don Jatau ba, da an yi ta sauraron ƙwas-ƙwas har ta daina.

Cindo ne ya riƙe igiyar. Babu gungumen da za a rataya ta, bakin rijiyar kuma yana marmashewa, don haka jama'a suka ja da baya suna taimaka masa da shawara. Kun san irinsu. Ya naɗa igiyar a ƙugunsa, ya kafa dugadugai, ya jawo kwandunan ƙasa tun rana na tsaka har la'asar, sannan ya jawo tsohon, sannan ya jawo Jatau, wanda ba ƙaramin mutum ba ne. Igiyar ta cinye fatar tafin hannunsa, ta shiga nama, bai saki ba. Dugadugansa sun ja kunya biyu a ƙasa, har an dasa rogo a cikinsu daga baya. Ba don Cindo ba, da gawa biyu za a yi.

Da Baba Nomau ya buɗe ido, kowa ya matso ya ji godiya. Sai ya ce, "Wane sakarai ne ya ɗaure ni a hammata kamar buhun gero?"

Ya rayu, amma ƙugunsa ya karye, ba zai sake shiga rami ba. Rijiyar kasuwa ta tafi, dole a haƙa sabuwa, dole a samu mai jin ruwa. Lokacin ba da dagi ya yi ke nan.

Shi ma ba da dagi yana da ƙa'ida. Mai neman gado yakan riƙe shi da hannu biyu, ya faɗi abin da ke cikinsa game da maigidansa, duka, ba ragi. Wanda ya ɓoye wani abu, duk inda ya haƙa dutse zai tarar. Kuma ba son jin sirrin mutane ya kawo ƙa'idar ba. Ku duba: in mai dagi ya ce akwai ruwa a nan, wa zai kara kunne ya ƙaryata shi? In ya ce wa mutum sauka, bangon lafiya lau, da me za a auna? Gari duka zai zuba guminsa da rayukan 'ya'yansa a kan abin da mutum ɗaya ya ji a ransa. Mutum kamar gida yake, yana da zaure inda yake karɓar baƙi, yana da ƙuryar ɗaki inda ko matarsa ba ta cika leƙawa ba. Sauran sana'o'i zaure ya ishe su. Wannan sai an shiga ƙurya.

Aka shimfiɗa wa tsohon tabarma a ƙofar gida, gari ya taru, har da mai unguwa, wanda ya zauna a gaba kamar shi ya yi aikin.

Jatau ya riƙe dagi. Ya ce, "Baba, tun ranar da ka kira ni ɗan asara a gaban surukaina ban sake kallonka na ji daɗi ba. Da rijiya ta rufta, abin da na fara ji sanyi ne a raina. Ina tono ina zaginka. Da hannuna ya taɓa kanka, zuciyata ta ce mini, mayar da ƙasar, wa zai sani? Na tsaya na saurare ta, ba zan yi ƙarya ba. Sannan na ci gaba da tono."

Tsohon ya ce, "To don me ka fito da ni, ɗan nema?"

Jatau ya ce, "Na ƙi in zama mutumin da zuciyar take so in zama. Amma har gobe ba na ƙaunarka."

Cindo ya riƙe dagi da hannuwansa naɗe da tsumma. Ya ce, "Baba, shekarar yunwa kai ka ɗauki uwata da mu 'ya'yanta ka ciyar. Ban manta ba, kai ma ba ka bari na manta ba, ko da rana ɗaya. Alherin nan ya zame mini dutse a ƙirji. Ba na ƙinka, ba na kuma sonka, nauyinka kawai nake ji. Da na ji ka a kan igiya, sai na ce yau zan sauke. Da ka fito, wallahi ban yi murna don ka rayu ba, na yi murna don na yi sakayau. Da wani ne a ramin, wanda bai taɓa yi mini komai ba, ban sani ba ko da na riƙe har ƙarshe."

Arzika ya riƙe dagi, tun bai buɗe baki ba hawaye suka riga shi. Ya ce, "Baba, ni ba ni da uba sai kai. Ko zagina kake yi daɗi nake ji. Amma da safen ranar da rijiya ta rufta, kana ɗaura igiya, na leƙa na ga bangon ya tsage ta gabas, yashi mai laima yana tsiyaya. Na buɗe baki zan faɗa, sai na ga mutane a tsaye. Na ce yaya zan gyara wa maigidana a bainar jama'a, a ce yaronsa ya ga abin da bai gani ba? Na gwammace in yi shiru da in ga ranka ya ɓaci."

Baba Nomau ya dube su ɗaya bayan ɗaya, ya ce, "Ikon Allah. Wannan ya so in mutu, ya fito da ni. Wannan ya fito da ni don ya rabu da ni. Wannan kuma saboda tsabar ƙauna ya bar ni na shiga kabari." Ya jawo daginsa ya sa a ƙarƙashin tabarma. Bai ba kowa ba.

Gari fa? Gari ya samu abin da ya fi so, wato gardama. Mutanen da suka kasa riƙe igiya, yanzu kowa ya zama masanin zukata. Masu cewa Arzika, don cikinsa fari ne, sai a tambaye su: gobe in ya ga bango ya tsage, mai unguwa na tsaye yana son a gama da wuri, zai iya buɗe baki? Masu cewa Jatau, don ya kayar da zuciyarsa a inda babu mai ganinsa, sai a tambaye su: za ka sa ɗanka a igiyar mutumin da sai ya yi kokawa da kansa kafin ya bar shi ya rayu, in wata rana ita ta kayar da shi fa? Masu cewa Cindo, don ba ya manta alheri kuma ba ya sakin igiya, sai a tambaye su: ƙauyen da bai taɓa yi masa komai ba, shi ma zai kara masa kunne da gaskiya?

Suna ta yi. Mata kuwa suna tafiya kududdufi da tuluna, suna korar jakuna kafin su ɗiba. Tsohon yana kwance, numfashi yana raguwa, dagi a ƙarƙashin tabarma, kuma kunne ɗaya kaɗai za a raɗa wa.

To ku da kuka zauna nan kuna ta gyaɗa kai, ga dagi, ga mutum uku, kun shiga ƙuryar kowannensu kun gani da idonku. In ɗanku ne zai sauka ramin gobe, a hannun wa za ku ce a sa shi: Jatau, Cindo, ko Arzika?