Cediyar Maikano da Akuyar Hasiya

Akwai wani mutum a Kore Mairuwa, Maikano, wanda ya fara yin rufin kwano a unguwarsu, shekarun da aka samu 'yancin kai. Wata cediya ce ta yi wa ɗakinsa rumfa, jemagu na zubo 'ya'yanta a kan kwanon. Ya rantse a bainar jama'a sai ya kai ta ƙasa, a sassaƙa masa kujeru.

Maƙwabciyarsa Hasiya na rainon jaririn ƙanwarta da ta rasu wurin haihuwa. Nonon akuya ɗaya yaron ke sha. Bazara ta ƙone ciyawa, ganyen cediyar nan kaɗai ke riƙe da akuyar.

Tana jin saran farko ta fito a guje da goyo, ta zauna a gindin itacen.

Maikano ya ce, "Ke Hasiya, tashi! Icce na nan faɗowa."

"Baba, a bar min ita har ruwa shi sauka. In akuyar ga ta ƙafe, mi zan ba shi?"

"Na yi rantsuwa gaban mutane. So kike a maishe ni abin dariya?"

Bitrus masassaƙi, wanda Maikano ya ɗauko don saran, ya sauke gatarinsa. "Ni dai ban sara bisa kan jinjiri, Maikano. Nemi wani."

Maikano ya fizge gatarin ya ɗaga. Hasiya ta kwanto yaron ta rungume, ba ta gusa ba. Farin ruwan cediyar na tsiyaya daga bakin saran, yaron ya tsala kuka.

Hannun Maikano ya daɗe a sama. Can ya yar da gatarin.

Wani cikin 'yan kallo ya ce, "A'a, Mai Kwano, ina rantsuwar?"

"In yi kaffara. Ɗebi ganyenki, Hasiya."

An yi ta yi masa shaƙiyanci a kasuwa, ya haɗiye. Akuyar ba ta ƙafe ba, yaron ya kai damina da ransa.

Darasi: Janye magana saboda rai ba faɗuwa ba ce, kunyar yini ɗaya ce. Ku tura wa masu taurin kai. Nawa ɗan ma in ya furta ba ya janyewa, abin ya hana ni sukuni. Iyaye mata, ya zan yi da shi?