Gizo a Kasuwar Gajimare

Ga ta nan, ga ta nanku, ku matso kusa da wuta.

Ta zo mu ji ta, Kaka!

To, akwai wata kasuwa da ke ci a kan gajimare. Rumfunanta farare fat, ƙasanta da laushi kamar sabuwar auduga. Ba a ciniki, abin da ka iya ɗauka naka ne. Sau ɗaya take bi ta kan gari a shekara bakwai, da la'asar kuma iska ta tafi da ita.

Ranar da ta zo, Ƙoƙi matar Gizo tana jego, washegari suna. Ta ce, "Maigida, zanen goyo kawai nake so. Ka dawo da wuri, kai ake jira ka faɗi sunan 'yarka."

Gizo ya jefa zarensa ya hau, ƙawarsa Shamuwa na shawagi a gefensa. Ita ƙoƙo ɗaya ta ɗauka na shan ruwa, ta ce ya ishe ta.

Gizo ya ɗauki zanen. Zai juya sai ya hangi tasoshi suna walƙiya, ya kwashe.

Shamuwa ta ce, "Gizo, rana ta karkata."

Ya ce, "Saura kaɗan!"

Ya ga akwatuna, ya jido.

"Gizo, inuwa ta yi tsawo."

"Saura kaɗan!"

Ya ga gado mai rumfa, ya jawo. Kai, Gizo da kwaɗayi! Ya ɗaure duka a ka, ya taka zare, zaren ya tsinke.

Shamuwa ta ce, "Zubar da su, riƙe zanen, hau bayana."

Gizo ya shafa gadon ya ce, "In bar wa wa?"

Iska ta taso. Gajimare ya lula da shi a hankali, bisa koguna, bisa rairayi, bisa garuruwan da bai san sunansu ba. Kullum yana goge tasoshi, babu mai cewa sun yi kyau. Kewar gida ta cinye shi, har ni da nake jin haushinsa na tausaya masa.

Da shekara bakwai ta cika, kasuwar ta dawo kan gari, ya bar komai ya jefa sabon zare ya sauko. A ƙofar gidansa ya tarar da wata yarinya tana wasan ƙasa. Ya ce, "'Yan mata, yaya sunanki?"

Ta ce, "Inna ta hana ni gaya wa baƙo sunana."

Kun ji, jikokina. Ku ɗauki abin da zai ishe ku, ku koma wurin masu jiranku.

Ƙungurus kan kusu, tatsuniya ta koma inda ta fito.