Dutsen Amowa da Muryar Sallama

A wani zamani mai tsawo, tun duwatsu suna da kunne, an yi wani sarki a Birnin Zumbula ana ce masa Tanimu ɗan Barau, mai dogon garu da cikakkun rumbuna, wanda Allah ya hore wa komai, sai dai ya jarrabe shi da zuciyar da ba ta jure a yabi wani a gabanta. Ko dokinsa aka cika yabo, gobe sai ka tarar da shi a kasuwa.

Al'adar fadar kuwa, sarki ba ya amsa gaisuwa da bakinsa. Mai gaisuwa ya faɗi, sarki ya yi shiru a bayan rawani, sai Sallama, wani bafade mai suna Gambo, ya ɗaga murya ya ce, "Sarki ya gaishe ka!"

Ran nan sai ga Zarkumu, sarkin aljanun Tsaunin Gabas, ya shigo fada da kyautar wani dutse kore shar, girmansa kamar tulu, irin wanda aljanu ke haƙowa a ƙarƙashin tsauninsu suna kiransa amowa. Dutsen nan yana shan murya kamar yadda busasshiyar ƙasa ke shan ruwa, kowace safiya ya kumbura ta ya sake ta gari duka ya ji. Amma murya ɗaya yake riƙewa, ta wanda ya amsa gaisuwar da aka yi dafe da shi.

Aljanin ya dafa dutsen ya ce, "Ranka ya daɗe, na kawo gaisuwa."

Sarki ya yi shiru irin na sarauta. Gambo ya ce, "Sarki ya gaishe ka!"

Dutsen ya girgiza, ya haɗiye muryar. Zarkumu ya dubi Gambo, ya dubi mai karaga, ya ce, "Af, ashe wancan ne sarkin?" Ya ɓace.

Tun daga ranar, da gari ya waye muryar Gambo ke karaɗe birni, mai kauri, mai zaƙi, har mata su tsai da daka su saurara. Ni dai da aka kwatanta mini ita ban ji ta kai tawa ba, amma wa ya taɓa kawo mini dutse? Fatake suka yi ta tambaya, sarakunan maƙwabta suka aiko a gaida mai muryar. Sarki ya daina cin abinci. Ya kulle kansa da dutsen ya daka masa tsawa, "Ni ne sarki!" Washegari gari duka ya ji "Ni ne sarki!" da muryar Gambo.

Sarki ya kira shi ya ce, "Ya kai ɓarawon amo, tafi Tsaunin Gabas ka tambayo yadda za a zare muryarka a sa tawa. In ka dawo hannu banza, harshenka ne zai biya."

Gambo ya keta dajin da itatuwa ke raɗa, ya haye kogin da ke gudu da baya, ya iske Zarkumu, ya dawo da amsa: sai mai muryar da kansa ya dafa dutsen ya yi gaisuwa a bainar jama'a, wani ya amsa.

Aka tara fada. Gambo ya dafa dutsen ya ce, "Ranka ya daɗe." Waziri ya durƙusa yana roƙon kada a karya al'adar kakanni, amma kishi ya toshe kunnen sarki. Ya janye rawani daga bakinsa, ya buɗe maƙogwaron da ya yi shekara da shekaru bai ɗaga ba, ya ce, "Na amsa!"

Subhanallahi! Wata 'yar siririyar murya ce ta fito, kamar ta ɗan akuyar da aka raba da uwarsa. Da safe dutsen ya kumbura ta bisa birni, awakin gari duka suka amsa. Fadawa suka cusa bakin riga a baki, kafaɗunsu na rawa.

Sarki ya ce a mayar wa Gambo da abinsa. Waziri ya ce, "Allah ya ba ka nasara, yanzu kai ne mai muryar. Sai ka dafa dutsen ka gaida Sallama, kuma ba a taɓa jin sarki ya gaida bara ba."

Sarki ya fusata ya ce to a kawo wuƙa, ai Gambo ne ya jawo masa wannan kunya.

Sai Gimbiya Yalwa, babbar 'yarsa, wadda ta daɗe tana riga kowa buɗe taga da safe, ta yi magana daga bayan labule. "Baba, in an yanke harshensa, ɗan akuyan nan zai yi ta kuka har jikokinka. Sarki ba ya gaida bara, gaskiya ne. Amma wa ya hana shi yi wa surukinsa barka?"

Sarki ya ce, "Ke ma muryar tasa ce?"

Ta ce, "Ita ce, Baba."

Sarki ya auna awaki, ya auna suruki, ya ga suruki ya fi sauƙi. Aka ɗaura aure, aka yi biki na ƙasaita, har da aljanu a 'yan rakiyar amarya. A gaban taro sarki ya dafa dutsen, ya cije, ya ce can ƙasa-ƙasa, "Barka da arziki, ango."

Gambo kuwa, da bakinsa bai san wata amsa ba a duniya, ya dubi sarki ya ɗaga murya ya ce, "Sarki ya gaishe ka!"

Dutsen ya haɗiye. Har yau, in ji fatake, da ita Birnin Zumbula ke tashi, kuma har sarki ya bar duniya yana gaya wa baƙi cewa shi ya koya wa surukinsa magana.