Ajuji Mai Suna Uku

Ku gyara zama, masu danna waya su ajiye. Yau shari'a na kawo muku, kuma ba mai tashi sai an yanke ta.

A barikin 'yan jirgin ƙasa na Kafanchan an yi wata mata, Lantana, matar Tanimu mai gyaran layin dogo. Baiwar Allahn nan wabi take yi. Sau biyar tana haihuwa, sau biyar ana binnewa, ba wanda ya kai yaye. Gidan haya suke zaune, tsakar gida ɗaya, rijiya ɗaya, da maƙwabta mata uku: Gwaggo Sa'ade ungozoma, Bahaushiya, Iya Sikira mai alale, Bayarabiya, sai Madam Hannatu mai keken ɗinki, 'yar ƙabilar Ibo.

Haihuwa ta shida mace ce, ta faɗo shiru, jiki a sake. Matan da ke ɗakin har sun fara salati. Gwaggo Sa'ade ta daka musu tsawa, ta sa baki ta zuƙe abin da ya toshe hancin jaririya, ta yi ta hura mata iska tana murza bayanta, har ta tsanyara kuka. Daga nan ta yi irin ta mutanen da: ta naɗe ta a tsumma, ta kai ta kan juji ta ajiye kamar ba a so, sannan ta koma ta ɗauko. Wai in mutuwa ta ga yasasshiya ce ba za ta kula ta ba. Ta ce sunanta Ajuji.

Kwana uku da haihuwa zazzaɓi ya kwantar da Lantana, nono ya ƙafe ƙaf. A wancan zamanin ina talaka ina madarar gwangwani? Iya Sikira tana goyon ɗanta na wata huɗu, sai ta haɗa su biyu, wannan a dama wannan a hagu, wata goma sha takwas cur. Ta rame har zobenta na zamewa daga yatsa. Ta ce a garinsu irin wannan yaro lallashinsa ake ya zauna, saboda haka sunanta Malomo, wato kada ki sake tafiya. Ta ƙara da cewa ita ba ta ga dalilin kiran ɗan mutum da sunan shara ba. Maganar ta koma kunnen Gwaggo, ta kuwa ƙullace ta.

Yarinya na shekara huɗu zazzaɓin cizon sauro ya shanye mata jini, ido ya yi fari fat. Gwaggo na jiƙa saiwa, Iya na dafa sassaƙe, suna gardamar na wa za a fara ɗura mata. Madam Hannatu ta sunkuce ta, ta goya, sai asibiti. Likita ya ce in ba a ƙara jini yau ba, sai haƙuri. Aka gwada na uba, aka gwada na uwa, aka gwada na Gwaggo da na Iya, babu wanda ya dace sai na Madam. Ta miƙa hannu aka ɗiba har jiri ya zaunar da ita. Da yarinya ta miƙe, Madam ta ce sunayen nan biyu duk tsoron mutuwa ne a cikinsu, ita Nkiruka za ta kira ta, wato abin da ke gaba ya fi na baya.

Sunan yankanta Zulaihatu, amma in ka kira ta da shi ko waiwayowa ba ta yi.

To, kishi fa! Ni ban taɓa ganin irinsa ba. In ta amsa Malomo da fara'a, Gwaggo ta kwana biyu tana hura hanci. In ta amsa Ajuji, ranar ba alale. Madam kuwa duk rigar da ta ɗinka mata sai ta zana Nkiruka da jan zare a wuya, Iya ta faki ido ta tsefe shi da allura. Yarinyar kirki, ta koyi amsa kowane suna da murya iri ɗaya don a zauna lafiya. Ranar bikinta ma sai da aka wanke amarya sau uku, don ba wadda ta yarda ta bar wa wata.

Ta auri Isyaku direba. Shekara goma sha ɗaya ko ɓari babu. A ta sha biyu Allah ya kawo ciki, aka ciro 'ya mace ta hanyar tiyata, likita ya ce daga wannan an rufe. Isyaku ya ce wahalar tata ce, zaɓin suna ma nata ne, shi dai huɗuba kawai zai yi.

Na ga bakinka na motsi, za ka ce ta sa sunan mahaifiyarta a huta. Ai ta gwada. Lantana ta girgiza kai ta ce, "Ni biyar na haifa na binne. Ke ba ni na tsayar da ke ba. Ki je ki yi wa mai shi takwara."

Kada kuma wani ya ce a jera sunayen duka. Rago ɗaya ne, sunan yanka ɗaya. Sa'adatu, Sikiratu, Hannatu, babu wanda liman zai ƙi raɗawa, kuma a cikin tsofaffin nan uku ba wadda aka taɓa yi wa takwara. Gwaggo ba ta taɓa haihuwa ba. 'Ya'yan Iya sun yi ta zuwa su tafi da ita gida, ta ce ba ta barin Malomo. Madam ɗanta ɗaya ne, yana can kudu, sai shekara-shekara.

Ana gobe suna suka shigo mata ɗaki, kowacce da sabon zanen goyo a hammata, ba mai kallon 'yar'uwarta. Gwaggo ta ce da ba ta hura iskar nan ba, gawa za su shayar, gawa za su ba jini? Iya ta ce numfashi ba ya cika ciki, wa ya tsotse ta har ta koma kamar kara? Madam ta ce, "Iskarki ta fita tun ranar, nononki an yaye. Jinina har yau yana jikinta." Sai Gwaggo ta fashe da kuka, ta ce su suna da 'ya'yan da za su tuna da su, ita in ta mutu sunanta ya bi ta kabari. Mai jego dai ta sunkuyar da kai, hawaye na ɗiga a kan jaririya, don ta san duk wadda ta zaɓa, biyu za su tafi da ciwon har ƙarshen ransu.

Gari ya waye, an shimfiɗa tabarmi, an raba goro, rago na ɗaure, liman ya zauna. Isyaku ya leƙo ɗaki ya ce jama'a na jira, wane suna zai faɗa?

To, ku da kuka sha labari, ga mai numfashi, ga mai nono, ga mai jini. Sunan wa za a raɗa wa jaririyar nan?