Sarewar da Ba a Sassaƙa Ba

Lantana ba ta manta ranar da ta haɗu da Tanko a bakin rafi ba. Shi ya koya mata sassaƙa sarewa, ya kai ta Kamfanin Gambo, inda ake yin gangunan tsufar da mutum da sarewun mayar da lokaci baya.

Da Gambo ya ji za su yi aure su bar gari, sai ya kira ta.

"Ki sassaƙa min sarewar da za ta mayar da mu lokacin da ba ki san yaron nan ba. In kin ƙi, ganga ɗaya zan buga ya tsufa."

"Ban ƙi ba, Maigida. Amma wa ya kawo ni nan?"

"Tanko."

"To, kana busawa za ka tsinci kanka ba ni, ba sarewa, kana tallan ƙararrawar awaki kamar dā. Yau zan fara?"

Gambo ya sosa ƙeya. "Wasa nake, 'yata. Ajiye wuƙar."

A ƙofa ta tarar da Tanko, ta faɗi abin da kunya ta daɗe tana hana ta.

"Tare za mu tsufa, Tanko, amma a hankali."